Ko Kun Sani? Waƙa Kan Riga Fim Zuwa

Waƙar fim ɗin da kuke ji tana tashi a shagon cajin waya a Gitata, sau da yawa ta girmi fim ɗin kansa. A Kannywood, mawaƙi da makaɗi kan shiga sutudiyo tun kafin a ɗora kyamara. Makaɗin na zaune gaban fiyano ɗin Yamaha, yana fitar da amon kalangu da sarewa da yatsunsa. Daga baya jarumai su hau waƙar, su motsa baki kawai. Abin takaici, ba kasafai ake tuna sunan makaɗin ba. Mawaƙi kuwa yakan fito fili: Umar M. Shareef ya rera waƙoƙin fim ɗin Mansoor na Ali Nuhu a 2017, kuma shi ne jarumin fim ɗin.