Abin Da Ke Sa Kayan Kiɗan Kwamfuta Su Yi Tsit

A yau mafi yawan waƙoƙin finafinan Hausa cikin kwamfuta ake haɗa su. Sai dai sau da yawa mai situdiyo yakan buɗe aikin da ya kwana a kansa, ya tarar ganga ko fiyano sun yi tsit, ga mawaƙi kuwa ya biya kuɗi yana jira.

Asalin abin shi ne, babbar manhajar haɗa kiɗa, irin su FL Studio ko Cubase, mai masauki ce kawai. Baƙinta su ne ƙananan manhajojin sauti da ake kira fulogin, waɗanda kamfanin Steinberg na Jamus ya fito da tsarinsu na VST a 1996. Ba ta gane baƙo sai ta san inda ya sauka.

Saboda haka abin dubawa na farko shi ne wurin ajiya. A Windows, fayilolin VST3 suna da mazauninsu a Common Files, amma na VST2, masu ƙarewa da .dll, ana iya zube su ko'ina, don haka tilas a nuna wa manhaja wurin, a sa ta sake bincike. Na biyu, fulogin mai bit 32 ba ya shiga manhaja mai bit 64 kai tsaye. Cubase ma ta daina karɓarsa tun 2016. Na uku, kwafin sata yakan tsayar da manhaja cak.

Masu hangen nesa sukan mayar da kowane kiɗa sautin WAV kafin su rufe aiki, domin rigakafi ya fi magani.