Samanja Mazan Fama: Sojan Da Ya Mai Da Bariki Abin Dariya

Masu karatu, tun kafin zuwan rediyo Hausawa suna da 'yan kama, masu kwaikwayon malamai suna wa'azi a kan tuwo da nama. Wanda ya kai irin wannan ban dariya cikin akwatin talabijin, har ya zama gwani, shi ne Usman Baba Pategi, watau Samanja.

An haife shi a Pategi a 1942, Banufe ne ɗan gidan sarauta. Ya shiga soja, ya ga yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970. Abin da ya gani a bariki shi ya zama jarinsa. A gidajen rediyo da talabijin na Kaduna ya riƙa tsara wasan, ya kuma fito a matsayin samanja mai tsawa, yana cuɗa Hausa da Turancin bariki.

Amfanin wasan kuwa babba ne. A zamanin mulkin soja talaka yana shakkar kaki. Samanja ya nuna masa soja ma mutum ne, yana cin bashi, yana rigima da iyali, yana tsoron na gaba da shi.

Ya rasu a Nuwamba 2023. Allah ya jiƙansa.

To, muna kira ga malaman makarantun Kazaure, Ɓaɓura, Roni da Gwiwa su riƙa sa yara tsara wasannin ban dariya da Hausa, a rubuta, a ajiye. Abin da ba a rubuta ba yakan bi mai shi kabari.