Hanyar da Aisha Macky ta bi ta zama darakta

Idan budurwa a Sakkwato ta ce tana sha'awar harkar fim, hankalin kowa Kano yake tafiya, kuma fitowa gaban kyamara ake hango mata. Da dalili. Tun da aka yi fim ɗin Turmin Danya a 1990, mata sun yi suna a matsayin jarumai, wasu irin su Balaraba Ramat Yakubu sun rubuta labari sun zuba jarinsu, amma mai ba da umarni a wurin ɗauka galibi namiji ne. Wanda ke son ganin Bahaushiyar da ta riƙe wannan kujera da ƙarfinta, sai ya leƙa maƙwabtanmu na Nijar.

An haifi Aisha Macky a Damagaram a 1982. Ilimin zamantakewar ɗan Adam ta fara karantawa a Jami'ar Abdou Moumouni da ke Yamai, sannan ta koyi shirya fim na gaskiya, wanda ba a ƙirƙirar labarinsa, har ta yi digiri na biyu a Jami'ar Gaston Berger ta Sanagal. Gajerun fina-finai ta fara yi, na farkon a kan ramar jikinta da surutun da mutane ke yi a kai.

A nan ne, a ganina, gwanintarta take: abin da ake rufewa a ɗaka shi take fitarwa. A 2016 ta yi L'arbre sans fruit, wato bishiyar da ba ta 'ya'ya, kan matan da ba su samu haihuwa ba, ita ma tana cikinsu. Mahaifiyarta wajen haihuwa ta rasu tana 'yar shekara 5, kuma a fim ɗin da marigayiyar take zance. Duk wadda ta taɓa shan gorin dangin miji, ko aka yi mata kishiya don an gaji da jira, ta san irin nauyin bakin da ke kan wannan magana. Wane namiji za a bari ya shiga da kyamara ya ji ta? Fim ɗin ya ci kyautar fina-finan Afirka ta AMAA a shekarar.

A 2021 ta fitar da Zinder, wanda ya ɗauki ɗayan sunan Damagaram, inda ta shiga Kara-Kara, unguwar da aka ware wa kutare tun da can, ta zauna da matasan ƙungiyoyin daba da ake kira "palais". Akwai masu ɗaga ƙarfe, akwai mai fasa-ƙwaurin fetur daga Nijeriya, sana'ar da ba baƙuwa ba ce ga mutumin Illela.

Kuɗi fa? Kamfaninta ta kafa, Tabous Production, ta haɗa gwiwa da kamfanonin Faransa da Jamus don neman tallafi. Irin wannan tallafi sai an rubuta takardar neman sa da Faransanci ko Turanci, a je a kare ta gaban masu zaɓe, a yi ta jira. Ribarsa, ba ɗan kasuwar da zai ce sai an cusa rawa da waƙa. Illarsa kuwa, fim ya fi yawo a bukukuwan Turai fiye da gida. A Suwizalan aka fara nuna Zinder, alhali da Hausa ake magana a cikinsa, kuma matashin da ke riƙe da waya a Mabera ko Ƙofar Atiku a Sakkwato ya fi sanin shirin Labarina na Aminu Saira nesa ba kusa ba.