Rahama Sadau: Labarin Wata 'Yar Wasan Kwaikwayo

Da wuya ku shiga gida a Talata Mafara, ko Bakura, ko Maradun, ku iske ba a taɓa kallon wasan Hausa a waya ko a talabijin ba. Wadansu 'yan makaranta ma har cewa suke in sun gama karatu wasan za su shiga, iyaye kuwa su ce Allah ya kiyaye. To, yau ga labarin ɗaya daga cikin 'yan wasan nan, mu duba shi da idon basira.

An haifi Rahama Sadau a Kaduna cikin 1993. Ta fara wasa a 2013, inda ta fito tare da Ali Nuhu a fim ɗin Gani Ga Wane. Kafin a jima sunanta ya game ƙasar Hausa.

Amma fa suna kaya ne mai nauyi. Cikin 2016 ta fito a hoton wata waƙa tare da mawaƙi ClassiQ, aka ga suna riƙe juna. Jama'a suka yi ca, suka ce wannan ba ɗabi'ar 'yar Musulmi ba ce. Ƙungiyar masu shirya fim, watau MOPPAN, ta kore ta daga wasan Hausa. Ita kuwa ta nemi afuwa. Ku lura, abin da bai wuce 'yan mintoci ba ya so ya rushe aikin shekara uku.

Duk da haka ba ta naɗe hannu ba. Ta yi wasa da Turanci tare da mutanen Ikko, ta fito a shirye-shiryen talabijin irin su Sons of the Caliphate da MTV Shuga. A 2017 ta fitar da fim na kanta mai suna Rariya, watau ta tashi daga wadda ake ba aiki ta zama mai ba wasu. Sa'an nan ta yi karatun jami'a a tsibirin Kubrus har ta sami digiri. Da yake kuma tana jin Indiyanci, a 2022 ta fito a wani fim na ƙasar Hindu, Khuda Haafiz kashi na biyu.

To, 'yan makaranta, me ya tallafe ta sa'ad da ƙofa ɗaya ta rufe? Harsuna da ilmi. Da Hausa kaɗai take ji, ina za ta nufa? Kowace sana'a yarinya ke so, takardar makaranta ita ce guzurinta. Na biyu, mutunci madara ne, in ya zube ba ya kwasuwa duka. Hoto kuwa in ya shiga waya ba mai iya kiransa ya komo.

Ku kuma iyaye, in 'yarku ta furta irin wannan buri, kada ku rufe ta da faɗa, don mai tsoro ɓoyewa take yi. Ku zaunar da ita, ku gaya mata daɗin abin da ɗacinsa, ku tsaya ta gama karatu tukuna. Hausawa dai sun ce gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah.

Allah ya shirya mana zuriya, amin. Sai mako mai zuwa.