Erik Poppe: Daga ɗaukar hoton yaƙi zuwa shirya finafinai

A cikin masu shirya finafinai na ƙasar Norwe, kaɗan ne suka taɓo abin da ke sosa zukatan 'yan ƙasar kamar Erik Poppe, wanda aka haifa a birnin Oslo a shekarar 1960.

Da aikin jarida ya fara. Ya yi wa jaridar Verdens Gang da kamfanin dillancin labarai na Reuters aikin ɗaukar hoto, ciki har da wuraren da ake yaƙi, kafin ya koma karatu a Stockholm, babban birnin Suwidin, inda a 1991 ya kammala koyon ɗaukar hoton fim.

Shi ne ya riƙe kyamara a fim ɗin Eggs na Bent Hamer a 1995. Bayan shekara uku ya ba da umarni a fim ɗinsa na farko, Schpaaa, kan yaran da ke gararamba a titunan Oslo.

Sai dai tsohuwar sana'ar ba ta rabu da shi ba. A 2013 ya fito da labarin wata mai ɗaukar hoton yaƙi, wadda Juliette Binoche ta fito a matsayinta, da ke neman rasa iyalinta saboda aikin. A 2016 kuma ya yi Kongens nei, watau ƙin amincewar sarki, kan yadda Sarki Haakon na bakwai ya ƙi naɗa Vidkun Quisling firayim minista kamar yadda Jamus ta buƙata bayan ta mamaye ƙasar a watan Afrilun 1940.

Fim ɗin da ya fi jawo muhawara shi ne na tsibirin Utøya.

Ranar 22 ga Yulin 2011, Anders Behring Breivik, mai tsananin ƙyamar Musulmi da baƙi, ya kashe mutum takwas da bam a Oslo, sannan ya hallaka wasu 69 a sansanin matasan jam'iyyar 'yan ƙwadago a tsibirin. Poppe ya ɗauki harin ba tare da yanke hoto ba har tsawon minti 72, daidai da lokacin da aka kwashe ana harbin.

Kyamarar na biye da yarinya guda, Kaja, tana gudu tana neman ƙanwarta. Ƙagaggiyar suna ce, amma an gina labarin ne kan bayanan waɗanda suka tsira. Shi kuwa maharin, daga nesa kawai ake hango shi, kuma a nan ƙarfin fim ɗin yake: an hana shi fitowar da ya nema.

Da aka nuna shi a bikin finafinai na Berlin a 2018, wasu sun ce an yi gaggawar fama gyambon da bai warke ba, yayin da wasu ke ganin an mai da hankali ga matasan da aka kashe.

A 2024 Poppe ya sake komawa kan Quisling, da fim kan kwanakinsa na ƙarshe kafin a harbe shi a watan Oktoban 1945 bisa laifin cin amanar ƙasa.