Lome da Akra: yadda magidanci zai kai iyalinsa manyan birane biyu da guzuri guda

Da zarar an rufe lakwal an shiga babban hutu, magidanta da dama a Maraɗi, Damagaram, Tawa da Yamai kan faɗa tunani guda: ina za a kai yara su buɗe ido, alhali albashi bai ƙaru ba, ribar kanti ma tana nan inda take? Ga ɗan Nijar, amsa mafi kusa tana bakin teku. Lome, babban birnin Togo, da Akra, babban birnin Gana, wadda tsofaffin ƴan kurmi ke kira Ankara, tsakaninsu bai kai kilomita 200 ba. Iyakar Gana kuwa tana manne da unguwannin yammacin Lome, har mutum na iya isa bakinta da ƙafa daga cikin gari. Wanda ya biya kuɗin zuwa ɗaya, ya kusa biyan na ɗayan.

Hanya ita ce ke cin kaso mafi tsoka, ita ce kuma ba ta da tabbas. Bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023 an rufe gadar da ta haɗa Gaya da Malanbil, fasinjoji suka koma sauka daga mota, su ƙetare kogi cikin jirgin ruwa, su shiga wata motar a ƙasar Benin, su bi ta Paraku da Kotonu. Kowace sauka tana da ɗan kuɗinta: mai jirgi, mai dako, mai kabu-kabu, sannan a ninka da yawan kawunan da aka ɗebo. Hanyar Burkina ta Tera da Dori, wadda manyan motocin kaya suka koma bi da rakiyar soja, ba wurin kai yara yawon hutu ba ne. Akwai jirgin sama, tun da kamfanin ASKY a Lome cibiyarsa take, amma tikitin mutum biyar kan haɗiye guzurin tafiyar kaf. Abin da ya fi shi ne maigida ya je tasha da kansa mako guda kafin tashi, ya ji halin iyaka daga bakin direbobin da suka dawo jiya, kada ya dogara da labarin bara.

Sai takardu. Ranar 29 ga Janairu 2025 ficewar Nijar, Mali da Burkina Faso daga CEDEAO ta tabbata, kuma a ranar ƙungiyar ta sanar cewa ƴan ƙasashen uku za su ci gaba da shiga ba biza, da fasfo ko katin ɗan ƙasa, har sai an yanke wata shawara. Magana mai “har sai” a cikinta, bincikarta ake yi kafin a ɗaure kaya. Fasfo ya fi kawo kwanciyar hankali, musamman a iyakar Gana inda ake aiki da Ingilishi. A haɗa da takardar haihuwar kowane yaro, da izinin uba a rubuce idan uwa kaɗai ce ta ɗauko su. Katin allurar shawara dole ne a ƙasashen biyu. Tun 2016 hukumar lafiya ta duniya ta ce allura ɗaya ta isa har ƙarshen rayuwa, ana kuma yi wa jariri daga wata 9. Wanda ya yi ta a gida ya huta. Wanda ya bari sai bakin iyaka, zai biya abin da aka yanka masa, yara na kuka, mota na jira.

A Lome kuɗin aljihu ba su canja suna: sefar Yamai ita ce sefar Togo, Faransancin lakwal kuma yana aiki. Wannan shi ne dalilin da ya sa ya kamata a fara da ita, a yi mafi yawan kwanakin a can, tun da masauki a Akra ya fi tsada. A ce mako guda aka tsara: kwana 4 a Lome, 2 a Akra, a dawo a kwana ɗaya kafin kama hanyar gida. In an samu ɗakin jika 15 da zai ɗauki iyali da tabarma a ƙasa, kwana 5 sun tashi jika 75. Ɗakuna biyu kuwa 150 ke nan, ba a ci komai ba.

Nan ne zango ke shigowa. Fataken goro na hanyar Gwanja da waɗanda suka biyo sawunsu sun kafa unguwanni a kusan kowane birnin kurmi. Zangon Lome yana tsakiyar gari har 1977, lokacin da hukuma ta tashe shi ta mayar da mutanensa arewa da birni, wajen Agwe. A Akra akwai Nima, Mamobi da Sabon Zango, inda Hausa ke tashi a kasuwa da masallaci kamar ana Zongon Yamai. Korar baƙi da gwamnatin Busiya ta yi a 1969 ta maido ƴan Nijar masu yawa gida, amma ba ta tsinke zumunci ba, kuma da wuya a samu gidan Ader ko Gobir da ba shi da wani nasa a can. Sauka wurin ɗan uwa tana rage kashe kuɗi ƙwarai, sai dai ba kyauta ba ce kamar yadda wasu ke ɗauka. Ɗakunan zango ƙanana ne, ruwa ma saye ake a gidaje da yawa. Baƙon kirki yana sanarwa tun da wuri, ya zo da tsaraba, kilishi, cuku ko dabino, ya sa hannu cikin cefane, ya kuma tashi ranar da ya ce zai tashi. Kwana biyu a gidan dangi zumunci ne. Kwana goma da yara huɗu wani abu ne dabam.

Ciki ba ya wahalar da Bahaushe a biranen nan. Abincin da mutanen Akra ke layi a kansa da safe, wanda suke rubutawa waakye, wake da shinkafa ne, sunansa ma daga Hausa ya fito. Kokon da suke sha da ƙosai “Hausa koko” suke ce masa, ga tuwon zafi, ga tsire da maraice. Iyalin da ke karyawa a bakin titi, su ci na rana wurin mai tuwo a zango inda babu shakkar yanka, za su ci kwana uku da kuɗin cin dare ɗaya na otel.

Abubuwan kallo mafi daɗi ba su da tsada. A Lome akwai babbar kasuwar Asigame, wadda ta yi suna da matan nan masu sayar da atamfa da ake kira Nana Benz, ko da yake gobarar Janairun 2013 ta cinye babban gininta. Kusa da ita ga majami'ar da Jamusawa suka gina a farkon ƙarni na 20, can gaba a bakin teku ga tsohuwar fadar gwamnansu, wadda aka gyara aka buɗe wa jama'a a 2019, da lambu mai faɗi inda yara za su sake. Teku kuwa kyauta ne, shi ne kuma babban haɗarin tafiyar. Igiyar ruwan gaɓar nan tana jan mutum ciki, har gwanayen iyo tana kayarwa, balle yaron da bai taɓa ganin ruwan da ya wuce tabkin Madarumfa ba. A zauna bisa rairayi, a jiƙa ƙafa, hannun yaro cikin na babba.

Daga Aflawo, garin iyaka na ɓangaren Gana, ƙananan motoci na tashi zuwa tashar Tudu a Akra. Tafiyar awa uku zuwa huɗu ce, ana ƙetare kogin Bolta a gadar Sogakope. A bakin iyaka a canja abin da zai biya mota da ruwan sha kaɗai, a ƙirga sidi a hannu kafin a miƙa sefa, sauran a bari sai wuraren canji masu lasisi a cikin birni. A lura kuma: Gana ta cire sifiri huɗu daga kuɗinta a 2007, amma wasu tsofaffin ƴan kasuwa na ƙirga da tsohon lissafi, sai baƙo ya ji “dubu goma” alhali sidi ɗaya ake nufi.

Kwana biyu sun isa a ga dandalin Baƙar Tauraruwa, inda a da aka saba yin bukin ƴancin kan 6 ga Maris 1957, da lambun da kabarin Kwame Nkruma yake, wanda aka sake buɗewa a 2023 bayan gyara, da babban masallacin ƙasa na unguwar Kanda, mai ƙirar masallatan Istanbul, da aka buɗe a 2021. Wuraren da ake biyan kuɗin shiga sukan bambanta farashin ɗan ƙasa da na baƙo, yara kuma ana rage musu. A tambaya kafin a miƙa kuɗi. A cikin gari torotoro, ƴan ƙananan bas ɗinsu, ya fi takisi araha nesa ba kusa ba, in dai an kauce wa cunkoson safe da na yamma. Agogon biranen biyu yana bayan na Nijar da awa ɗaya.

Watan Agusta ya fi dacewa: manyan ruwan sama na gaɓar teku sun ɗauke tun Yuli, gari ya yi sanyi, lakwal kuma ba ta koma ba. A tafi da gidan sauro.

Inda lissafi kan rushe shi ne ranar ƙarshe, tsakanin atamfar Asigame da takalman Makola, ga jerin saƙonnin dangi da maƙwabta da uwargida ta riƙo tun daga gida. Kuɗin tsaraba a ware su tun a Maraɗi, a faɗi adadinsu gaban kowa. Kuɗin komawa kuma, haɗe da na kwana biyu in iyaka ta ƙi, kada su shiga aljihu ɗaya da na kasuwa: a bar su wurin wani amintacce a gida, ya turo ta kamfanin aika kuɗi ranar da za a sayi tikiti.