Tamostat: a cire a yar, ko a gwada a sauya?

A shirinmu na direbobi da makanikai na wannan mako mun tsaya a kan tambayar da ta fi yawa cikin saƙonnin da 'yan'uwanmu Hausawan Sudan suka aiko, daga Mai Wurno da ke kudu da Sinnar, da ƙauyukan Jazira, har zuwa Sinja da Damazin a bakin Shuɗin Nilu. Tambayar kusan iri ɗaya ce: mota tana zafi, an kai ta gareji, usta ya ce tamostat ne, ya cire ya yar, ya ce ai ƙasar zafi ba ta buƙatarsa. Shin gaskiya ne? Ga taƙaitaccen abin da muka tattauna, don wanda bai samu ji ba, da wanda ya ji yake so ya ajiye a aljihun mota.

Maganar ba ƙarama ba ce. Tun da yaƙi ya ɓarke a watan Afrilu na 2023 kayan gyara suka yi wuya suka yi tsada. Mai boks ɗin Hilux guda ɗaya da ke kai albasa kasuwa, ko mai tsohuwar Bedford, wadda a can ake ce wa Sifinja, ko mai tarakta Massey Ferguson, in injinsa ya buga yau, sai Allah kaɗai ya san ranar da zai tashi. Tamostat kuwa bai kai tafin hannu ba, kuma yana cikin mafi arahar kayan inji.

Mene ne aikinsa?

Inji yana ƙona mai ne, fetur ko dizal, wanda a Kano ake ce wa gas, a Sudan kuma jaz. Ƙonawar nan tana haifar da zafi mai tsanani. Shi ya sa aka yi hanyoyin ruwa a cikin jikin inji, famfon ruwa yana tura shi zuwa lagireto, iska ta huce shi, ya sake dawowa.

To amma inji ba ya son sanyi kamar yadda ba ya son zafin da ya wuce kima. An ƙera shi ne ya yi aiki a wajajen digiri 80 zuwa 95 a ma'aunin Salshiyos. Tamostat shi ne mai gadin ƙofar da ke tsakanin inji da lagireto. Manomin Jazira ya fi kowa gane wannan, domin tun da aka gama madatsar Sinnar a 1925 rayuwarsa ke rataye da ƙofar ruwa: a buɗe in gona na so, a rufe in ta ƙoshi. Haka tamostat yake. Da safe inji na sanyi, ƙofa a rufe, ruwa na zagayawa cikin inji kawai har ya ɗumama da wuri. Da zafi ya kai adadin da aka tsara, sai ƙofa ta fara buɗewa, ruwa ya wuce lagireto.

Ba wuta yake amfani da ita ba a yawancin motocinmu. A cikinsa akwai ɗan kwanso mai ɗauke da wani irin kaki, ɗan'uwan na kyandir. In ya ji zafi ya narke sai ya kumbura, ya tura wani ɗan sanda, ƙofa ta buɗe. In ya huce sai sifirin ya mayar da ita. Wannan dabara tun shekarun 1930 ake da ita. In ka duba jikinsa za ka ga lamba, galibi 82 ko 88, wasu 76. Wannan shi ne zafin da yake fara buɗewa a kai.

To, ƙasar zafi fa?

A nan ne ake yin kuskure. Tamostat mai lafiya ba ya sa mota zafi. Aikinsa shi ne hana inji yin sanyi fiye da kima. Da zarar ya buɗe gaba ɗaya, sauran aikin sanyaya na lagireto ne da fanka da famfo. Saboda haka in motarka na tafasa a zafin watan Afrilu da Mayu, lokacin da rana ke haura digiri 40 a Wad Madani, kuma tamostat ɗinka lafiya lau, to cutar tana wani wuri. In ka cire shi allura ta ɗan sauka, ɓoye ciwon ka yi, ba ka warkar ba.

Sannan cirewar tana da nata hasarar. Injin da bai ɗumama ba, ba ya ƙona mai sosai. Shan mai ya ƙaru, hayaƙi ya ƙaru, ɗanyen mai ya riƙa wanke bangon silinda yana gangarawa cikin baƙin mai, zoben fistin ya cinye da wuri. Kada a manta, Jazira ma tana da sanyinta. Asubahin Disamba da Janairu kowa ya san sai da bargo. Motocin zamani masu kwamfuta kuwa, muddin suna ganin inji da sanyi za su yi ta ƙara masa mai, wani lokaci har fitilar inji ta kama.

Akwai kuma abin da makanikai da yawa ba sa lura da shi. Wasu tamostat suna da faifai na biyu a gindinsu. Aikin faifan shi ne ya toshe gajeriyar hanyar da ruwa ke bi ya koma inji ba tare da ya je lagireto ba. In ka cire irin wannan, gajeriyar hanya ta zauna a buɗe, wani kaso na ruwan zafi ya riƙa komawa inji bai huce ba. Ka ga an gudu ba a tsira ba: an cire don maganin zafi, zafi ya ƙaru.

Yadda yake lalacewa

Hanya biyu ce. Ko ya maƙale a rufe, ko ya maƙale a buɗe.

In ya maƙale a rufe, shi ne mai haɗari. Ka tayar da mota, cikin minti goma zuwa sha biyar allura ta wuce tsakiya tana neman ja. Ka buɗe bonet ka taɓa, inji kamar garwashi, amma jikin lagireto da sanyinsa. Ruwa bai isa can ba ke nan. In ka ci gaba da tafiya a haka, gasket ɗin kan inji ya ƙone, tof silinda ya lanƙwashe ko ya tsage.

In ya maƙale a buɗe, allura ba ta kaiwa tsakiya, ko ta hau a cikin gari, da ka hau titi ta sake faɗuwa. Wannan ba ya kashe inji rana ɗaya, a hankali yake cin aljihu.

Ga gwajin da ba ya buƙatar kwance komai. Da safe, inji na sanyi, ka tayar ka bar shi yana aiki a tsaye. Ka riƙa taɓa babban tiyon da ya fito daga gidan tamostat. A wasu motoci tiyon sama ne, a wasu, kamar Toyota da yawa, tiyon ƙasa ne. In lafiya yake, tiyon zai jima da sanyi, sai allura ta kusa tsakiya ka ji ya ɗau zafi cikin ɗan lokaci. In tun farko yake ɗumama a hankali tare da inji, ƙofa a buɗe take, ko ma babu tamostat ɗin. In allura ta wuce tsakiya tiyo bai ɗau zafi ba, kashe inji nan take. Don Allah a kula da fanka da fambel, a naɗe hannun riga, a tattare jallabiya da rawani.

Kafin ka ɗora masa laifi

Malam direba, duba waɗannan tukuna. Ruwa ya cika? Akwai inda yake yoyo? Fambel ya saki? Fanka na juyawa da ƙarfi? Murfin lagireto fa, robarsa ba ta mutu ba? Murfin nan shi ke riƙe matsin da ke hana ruwa tafasa a digiri 100, ya kai shi wajen 120. Murfin da ya mutu shi kaɗai ya isa ya sa mota amai.

Sai kuma abin da ya shafi yankinku musamman. Lokacin girbin dawa da cirar auduga, ƙaiƙayi da kaɗa da ƙura suna toshe fuskar lagireto, iska ta kasa ratsawa. A hura shi ko a wanke daga baya zuwa gaba. Na biyu, ruwan da ake zubawa. Da damina Shuɗin Nilu yana saukowa daga tsaunukan Habasha ɗauke da laka, ruwan tur'a ya koma ja. Lakar da ke gyara gona ita ce ke toshe siraran bututun lagireto, ta kuma maƙale tamostat. Ruwan rijiya mai gishiri-gishiri shi ma yana barin farin dafi kamar na gindin buta.

In kuwa ka ga kumfa na ta tasowa a bakin lagireto, ko farin hayaƙi mai kauri a salansa bayan inji ya ɗumama, ko baƙin mai ya koma kalar shayi da madara, to magana ta wuce tamostat, gasket ya riga ya tafi.

Gwajin tukunya

In an kwance shi, kada a yar sai an gwada. Da farko ka ɗaga shi ka duba a haske. In yana sanyi amma ƙofarsa a buɗe, ya mutu. In a rufe yake, ka ɗaura masa zare, ka rataya shi cikin tukunyar ruwa a kan murhu, kada ya taɓa gindin tukunya. In kana da ma'aunin zafi, ya kamata ya fara buɗewa daf da lambar da ke jikinsa. In babu, ka zuba ido: kafin ruwa ya tafasa sosai ya kamata ya buɗe, ƙofar ta ɗaga kamar milimita 8, wato kaurin fensir. Ka fito da shi, yana hucewa yana rufewa. Wanda bai motsa ba, ko ya ɗan buɗe ya tsaya, a sauya shi. Sabon da ka sayo ma ka yi masa wannan gwaji, domin jabu sun yi yawa a kasuwa, a Sudan da Najeriya da Nijar duka.

Yadda ake sauyawa

Na ɗaya, a bar inji ya huce sarai. Kada wanda ya kuskura ya buɗe murfin lagireto inji na zafi. Tururin yana sale fuska.

Na biyu, a sauke ruwa ta ƙasan lagireto cikin roba mai tsabta, gwargwadon yadda zai sauka ƙasa da gidan tamostat. In koren ruwa ne ko ja na kanti, guba ne, kuma yana da ɗan zaƙi. A nisanta shi daga yara da awaki da kaji.

Na uku, a bi tiyo har inda ya haɗu da inji, a kwance notin gidan, galibi biyu ne ko uku. Kafin ka zare tsohon, ka lura da yadda yake zaune. Ɓangaren sifirin da kwanson kaki shi ke kallon cikin inji. In aka juya shi, kakin ba zai ji zafi da wuri ba, sabo fil amma mota ta tafasa.

Na huɗu, a kankare tsohon gasket tas, ba tare da an ƙwarzane ƙarfen ba. A sa sabon gasket ko sabuwar robar zobe. Kada a cika gam, ragowarsa na ɓallewa ya shiga hanyar ruwa.

Na biyar, a tabbata sabon irin na motar ne, lamba ɗaya, girma ɗaya, in tsohon na da faifan gindi shi ma ya kasance da shi. A gefensa akwai ɗan rami mai ɗan ƙarfe yana lilo. In tamostat ɗin a tsaye yake zama, ramin nan ya kalli sama, ta nan iska ke fita.

Na shida, a ɗaure noti bi da bi, kaɗan nan kaɗan can. Gidan na alminiyon ne ko roba, ƙarfin tuwo yana fasa shi.

Na bakwai, a zuba ruwa a hankali. A tayar da inji murfi a buɗe, in motar na da hita a kunna ta. Za ka ga kumfa na fita. Da tamostat ya buɗe ruwa zai faɗa, sai a ƙara, a rufe murfi, a cika ɗan tankin gefe zuwa layinsa. A ɗan zagaya da motar ana kallon allura. Washegari da safe a sake duba ruwa da yoyo. Iskar da ta maƙale a ciki takan sa mota zafi, har mutum ya zaci sabon tamostat ɗin ne ba shi da kyau.

Game da ruwa, mafi kyau shi ne na kanti, domin yana hana tsatsa. In bai samu ba, ruwan sama da aka tace ya fi na tur'a. In dole sai na tur'a, a bar shi ya kwana a jarka, laka ta kwanta, a tsiyaye na sama.

In abin ya same ka a hanya

Ka ce kana tsakanin Sinja da Damazin, allura ta hau ja. Ka sauka gefe ka kashe inji, ka buɗe bonet, ka yi haƙuri. Kada ka sheƙa ruwan sanyi cikin inji mai zafi, ƙarfe na tsagewa. In ya huce ka tabbatar tamostat ne ya maƙale a rufe, babu laifi ka cire shi ka lallaɓa zuwa gari, ba gudu, ba kaya fiye da kima, ido a kan allura. Wannan lalura ce. Amma da ka isa, ka nemi sabo ka mayar. Wanda ya sayi tsohuwar mota ma ya sa a duba masa, sau da yawa za a tarar gidan wayam, an daɗe da cirewa.

Ga makanikanmu kuma, iyayen gidanmu, mun san da yawanku haka kuka tarar ana yi, kuma da kyakkyawar niyya kuke yi. Roƙonmu ɗaya ne: kafin a yar, a ɗora tukunya. Minti goma ne, kuma mai mota zai gani da idonsa.

A mako mai zuwa, in Allah ya kai mu, za mu ɗauki batun wanke lagireton da laka ta toshe. Masu tambaya su ci gaba da aikowa. Allah ya kiyaye hanya, ya zaunar da Sudan lafiya. A huta lafiya.